Goggo Mai Kiɗan Biki da Waƙar Jamaika

Allah ne ya ba mu ita, shi ne kuma ya karɓi abarsa. Goggona, yayar mahaifina, ta rasu a Makka, a wani ɗan ɗaki da muke kama mata haya a unguwar Ka'akiyya, bayan jinyar da ta ƙi yarda a kai ta asibiti.

Zaman makokinta cikin zullumi aka yi shi. Yawancin waɗanda suka zo ba su da iƙama, wato takardar zama a ƙasar, shi ya sa ko ƙofa aka ƙwanƙwasa sai ɗakin ya yi tsit, masu kuka su haɗiye kukansu, har sai an ji sallamar da Hausa aka yi ta. Da hantsi wata doguwar baƙar mota ta tsaya a bakin lungu. Nan take samarin da ke zaune a waje suka watse, wata maƙwabciyarmu ta shige bayan gida da goyonta ta kulle. Ashe matan Larabawa ne, sun sha abaya, suna tambayar ina ne gidan Hajja mai kiɗa. Ɗaya daga cikinsu ta rungume ni tana kuka har da shessheƙa, ta ce Goggo ce ta yi kiɗan bikinta, ita ce kuma ta yi na mahaifiyarta tun ba a haife ta ba.

Tsofaffin abokan sana'arta sun jeru a jikin bango, ba su yi kuka ba. Na lura da ɗaya, bakinta yana salati, yatsunta kuma suna bugun cinyarta a hankali, ba ta ma san suna yi ba.

A wajen maza kuwa, maigidana ya ce mini wani dattijo ya shafa addu'a sannan ya ƙara da cewa, "Allah dai ya sa ta tuba da kiɗan nan kafin ta cika." Kowa ya sunkuyar da kai. Sai Baffa, ƙanen Goggo, ya ɗago ya dube shi ya ce, "Malam, da ba don ita ba, da kai da iyalinka ba ku kai yau a garin nan ba. In ka gama addu'arka, tashi ka ba wani wuri."

Wanda ya san Baffa ya san wannan ba ƙaramar magana ba ce daga bakinsa, domin babu wanda ya yaƙi kiɗan Goggo kamarsa.

Goggo tana amarya ta zo aikin hajji da mijinta, suka maƙale ba su koma ba. Ya rasu a wurin aikin gini, ya bar ta da 'ya ɗaya a Nakkasa, unguwar nan ta jikin dutse, gida kan gida, lungu da matakala, inda mota ba ta shiga. A Kano mahaifiyarsu mai kiɗan ƙwarya ce, Goggo kuwa tun tana ƙarama hannunta ya faɗa. Da ta ga matan Makka suna ɗaukar mata masu kiɗa a bikinsu, sai ta koyi ɗar, gangar nan mai faɗi kamar faifai mai fata a fuska ɗaya. Ba a jima ba ta tara ƙungiyarta. Da wannan ta aurar da 'yarta, da shi ta binne ta lokacin da haihuwa ta zo da gardama, da shi kuma ta raini jaririyar da aka bari. Uban yarinyar an kama shi an mayar da shi gida, ba a sake jin ɗuriyarsa ba. Goggo tana kiran jikar tata "ƙawata", har duk lungu ya ɗauka, sunan yanka ya ɓace, kowa sai Ƙawa.

Ni da girmana na zo, na biyo maigidana da ya samu aikin tuƙi da iƙamarsa. Da Goggo ta ga na iya lalle, ita ta riƙa shigar da ni gidajen biki. A nan na santa. Mace ce gajera mai faɗin kafaɗa, ba ta shan ruwan sanyi ko zafi zai kashe ta, wai yana kashe murya. Kafin a fita sai ta gasa fatar ɗar a kan murhu, tana ɗan ƙwanƙwasawa da ɗan yatsa tana kasa kunne, ba ta son a yi mata magana a lokacin. In aka kawo mata mugun labari kuwa, ko na mutuwa ne, abin da za ta fara cewa shi ne, "A ci abinci tukuna." Mutane suna ganin taurin zuciya ne. Ni daga baya na gane lokacin tunani take saya wa kanta. Kuma babu sabuwar zuwa da ta rasa wurin kwana ta hau dutsen nan ba a nuna mata ƙofar Goggo ba.

Ƙawa ce ta shigo da waƙar Jamaika gidan. Ta kai shekarun aure a lokacin, Larabci ne a bakinta, Hausarta gutsi-gutsi. Wata rana ina zaune muna tsince shinkafa, ta kunna wani abu a waya tana wanki. Goggo ta tsaya da hannu a cikin tire.

"Ƙawata, maido shi baya."

Ta maido. Goggo ta jawo robar wanki ta kife, ta fara bi da tafin hannu. Bugu uku ne masu ɗingishi, biyu a jere, na ukun ya ɗan makara. Kafin waƙar ta ƙare ta kama shi daram.

"Wannan ai kiɗan ƙwarya ne," in ji ta. "Wa ya kai musu? Su waye?"

Ƙawa ta ce mutanen Jamaika ne, wani tsibiri can bayan teku kusa da Amurka. Ta nuna mata hoton mawaƙin, baƙi wuluk da kitso. Goggo ta ce wannan ai ko a Fagge ta gan shi ba za ta waiga ba. Na gaya mata abin da na sani tun a makaranta, cewa kakanninsu daga ƙasashenmu aka kwashe su a jirgin ruwa aka sayar. Ta daɗe tana kallon hoton.

"Ashe su ma 'yan takari ne," ta ce. "Sai dai su ba da ƙafarsu suka je ba."

Tun daga ranar ta ɗauki waƙar kamar 'yar dangi da ta tafi neman arziki. Ta sa Ƙawa ta tono mata tarihinta kaf a waya, tana fassara mata rabi Larabci rabi Hausa. Wai mawaƙin ɗan wata unguwar talakawa ne mai rufin kwano. Wai a kan titi aka fara sa waƙar, inda suke jera lasifika kan lasifika har su yi tsayin bene, mutane su yi ta rawa. Ta daɗe a tsibirinsu ba wanda ya san ta a waje, manyan gidajen rediyo ma sun ƙi ta. Sai 'yan ƙasarsu da ke zaune a Landan da Amurka, masu tuƙin tasi da masu aski, suka riƙa sa ta, har yaran Turawa suka ɗauka. A can kuma akwai wani jeri da ake fitarwa duk mako na waƙoƙin da suka fi tashe, daga ta ƙasa har ta ƙoli. Waƙar ta shiga jerin daga can gindi.

Wannan jeri shi ya shiga ran Goggo. Duk mako sai ta ce, "Ƙawata, yau a ina take?" In ta hau, ta ce madalla. In ta tsaya wuri ɗaya, ta yi tsaki ta tambayi wa ya tare mata hanya. Da aka sake fitar da ita da muryar wata shahararriyar mawaƙiyar Amurka a ciki, aka kuma tausasa kiɗan, Goggo ta saurara ta taɓe baki.

"Sun shafa mata man bilicin. Amma bari, in da haka za a buɗe mata ƙofa, ta shiga tukuna."

Aka kuwa buɗe. Sabon zubin ya riƙa tsallake waƙoƙi yana hawa, har ya iso wayoyin 'yan matan Makka. Amare suka fara tambayar ta. Goggo ta samu wata dabara: Ƙawa ta jona wayarta da lasifika, waƙar tana tashi, su kuma suna binta da ɗar a ƙasa. Babu ƙungiyar da ta iya wannan sai tata. Aiki ya riƙa zuwa har tana mayar da wani.

Baffa yana da iƙama, yana tsaron wani kanti a unguwar Kudai inda ake sayar wa alhazai jakunkuna da dardumai, shi ne kuma mai kiran salla a ɗan masallacin lungu. Kiɗan ɗar ma da ƙyar yake haƙuri da shi, balle wannan. Wata rana ya shigo ya tarar ana gwaji, ya tsaya a ƙofa ko zama bai yi ba.

"Yaya, kin san abin da yake faɗa a waƙar nan? An ce mini batsa ce tsagwaronta."

"Ni ba na jin bakinsa. Hannun mai kiɗan nake saurare."

"A garin nan, Yaya? Daga saman ɗakinki ana hango Harami."

"Ina hango shi kullum. Mai Haramin ma yana ganina, ya kuma san bakunan da ke ci daga hannun nan."

Ya juya ya fita. Ta bi shi da kwanon dambu, ta ce a kai wa matarsa.

Shekarar da aka tsananta kamen marasa takarda, abin ya same mu. Manyan motoci suka riƙa tsayawa a gindin dutse, askarawa, wato jami'an tsaron ƙasar, suna tare duk wanda ya sauko. Maza suka daina fita aiki. Wasu suka gaji suka miƙa kansu a yi musu tarhil, wato a mayar da su gida. Ana cikin haka wani attajiri ɗan ƙasa ya ɗauki Goggo bikin 'yarsa, ni kuma aka ba ni lallen 'yan gida, dangin amarya da na ango. Da za ta ƙi, amma matan ƙungiya sun kwana biyu ba aiki, sai ta karɓa.

A irin wannan biki mata zalla ne a zauren, suna cire mayafi su saki gashi, shi ya sa a bakin ƙofa ake karɓe wayar kowa. Wayar Ƙawa kaɗai aka bari, saboda ita ke ba lasifika waƙa. Amarya da kanta ta roƙi waƙar Jamaika, aka sa, zauren ya ɗauka, ta ce a sake. Aka tashi lafiya.

Bayan 'yan kwanaki wani ɗan guntun bidiyo ya fara yawo daga waya zuwa waya. Ga amarya nan tana rawa kai a buɗe, ga ƙannenta, ga mahaifiyarta tana tafi. A ƙasar nan wannan abu yana iya kashe aure, yana iya sa a zubar da jini. Direban attajirin, wani Bahaushen Nijar, ya hau dutse da kansa yana haki, ya ce maigidansa ya ce a kai masa yarinyar mai waya kafin Juma'a. In ba haka ba zai nuna wa askarawa lungun da hannunsa, ya kuma san wanda zai kira.

Bayan azahar dattawan lungu suka taru a tsakar gidan Goggo. Ni da Ƙawa muna cikin ɗaki, ta riƙe hannuna gam. Sai ta raɗa mini da Larabci, "Me suke cewa?" Na ce ta yi shiru.

Baffa ne ya yi magana a madadinsu. "Yaya, ba mu ce yarinyar nan ta yi ba. Amma wayarta ce kaɗai a zauren, kuma mutumin nan ba wasa yake ba. Lungun nan cike yake da mata da yara. Iyakaci a tsare ta kwana biyu a yi mata tarhil. Ai gida za a kai ta."

"Wane gidan?" in ji Goggo. "A ɗakin nan aka yanke mata cibiya. Hausarta ba ta kai ta sayi gishiri a kasuwa ba. Wa ta sani a can?"

"Na gaya miki tun ranar da kiɗan nan ya shigo gidan nan."

"Ka gaya mini. Yanzu kuma kana gaya mini in ɗauki 'yar 'yata in kai wa mutumin da ransa ya ɓaci, ya yi yadda ya ga dama da ita."

Sai wata maƙwabciya ta shigo ba sallama, mace mai yara ƙanana da miji kwance ba lafiya. Ta durƙusa ta kama ƙafar Goggo. "Hajja, don Allah ki dube mu. In suka hau dutsen nan, ina zan sa yaran nan? Ke kika saukar da ni ranar da na zo, kada ki zama sanadin kora ta." Wannan ya fi maganar Baffa zafi, domin gaskiya matar take faɗa. Na leƙa ta labule na ga fuskar Goggo ta yi toka-toka.

"A ci abinci tukuna," ta ce.

Aka fito da shinkafa, babu wanda ya sa hannu. Ta zauna ita kaɗai ta ci loma biyu-uku a gabansu, tana taunawa a hankali. Sannan ta wanke hannu ta ce su ba ta zuwa gobe, babu askar ɗin da zai hau dutsen nan saboda ita. Baffa ya ce in ta janyo wa mutane bala'i, ba shi ba ita. Ta ce ta ji.

Washegari bayan la'asar ta naɗe babban ɗar ɗinta a tsohon zane, wanda ta fi shekara talatin tana bugawa, ta ce in kira maigidana ya jira mu a titi. Ƙawa ta ce za ta bi mu, Goggo ta tura ta ɗaki ta sa kwaɗo ta waje. Muka sauko. A gindin dutse ga motocin nan, ga askarawa a tsaye. Ni ina da takarda, amma duk da haka na maƙale a bayanta. Ita kuwa ta ɗora ƙunshin a ka kamar mai tallar gurasa, ta rage sauri, har da ɗan ɗingishi. Wani matashin askar ya dube ta, ta ce masa, "Allah ya ba ka lafiya, ɗana," da Larabcinta na tsofaffin Makka. Ya kawar da kai.

A gidan attajirin aka shigar da mu falon baƙi. Yana zaune, 'ya'yansa maza biyu suna tsaye a bayansa, ba a ce mu zauna ba. Akwai wata ƙofa ta ciki a ɗan buɗe, na ga inuwar mutum a bayanta.

"Ina yarinyar?"

"Ba ta zo ba, ba kuma za ta zo ba. Ni ce babbarsu. Ni na karɓi aikinka, ni na shigo da waya gidan bikinka. In akwai hukunci, ga ni."

"Ke tsohuwa ce, me zan yi da ke? Wadda ta tona mini asiri nake so."

"Wayarta tana kan tebur a gabana tun farko har ƙarshe. Ba ita ba ce."

"To wace ce?"

Goggo ta dube shi ido cikin ido.

"Ban zo da sunan kowa ba," ta ce.

Ya ɗauki wayarsa ya fara latsawa. Babban ɗan ya matsa ya tare ƙofar fita. Na fara karanta duk abin da ya zo bakina. Sai murya ta fito daga bayan ƙofar ciki, muryar uwar amarya.

"Ka ji tsoron Allah, matar nan ita ta yi kiɗan aurenmu. Kuma in ka kira su, abin da za su fara tambaya shi ne a nuna musu bidiyon. Kana so maza su zauna a ofis suna kallon 'yarka?"

Yatsansa ya tsaya. Ya daɗe yana kallon wayar. Can ya ajiye ta ya ce to, amma ba zai yiwu a ce an yi masa haka ba a ga komai ba. Sai Goggo ta rantse ba za ta sake kiɗa a wani biki ba a garin nan, ita da jikarta, har ta mutu.

Na ɗauka za ta roƙe shi. Ba ta roƙa ba. Ta kwance zanen, ta ajiye ɗar a kan kafet a gabansa, ta ɗaga yatsa ta yi rantsuwar da cikakken lafazi. Ƙaramin ɗan ya ɗauki wuƙar yanka 'ya'yan itace da ke kan tire, ya dubi ubansa, ya soka ta a tsakiyar fatar ya ja. Ta yi wata ƙara kamar an yage sabon yadi. Goggo ko ƙiftawa ba ta yi ba. Ta ninke zanenta, ta yi musu sallama, muka fito.

Muka shiga mota. Da muka yi nisa sai ta ce mini:

"Na ga hannun da ya ɗauka. Daga ƙarƙashin mayafi ya fito da wata 'yar ƙaramar waya. Lallenki ne a kansa, mai ganyen nan da kika yi wa 'yan gida kaɗai."

Na juyo gaba ɗaya. "Goggo! Me ya hana ki faɗa?"

"In na faɗa, auren yarinyar nan ya mutu yau, dangi biyu su shiga wuta. Kuma kina ganin zai ɗauki maganata a kan jininsa? Sai ya ce na ƙara da sharri. Yanka fata ya fi sauƙi."

"Dangin ango ce ko na amarya?"

"'Yar nan, bar ni in ji da ƙirjina."

Har ta koma ga Allah ba ta faɗa ba.

Askarawa ba su hau lungunmu ba a wannan karon. Ƙungiya ta watse, wasu suka bi wasu masu kiɗan. Goggo ta kafa kasko a ƙofar gida tana suyar ƙosai da safe. Ƙawa ta goge waƙar daga wayarta, ta daina cin abinci sosai, ta rame, tana ganin ita ta jawo. Ranar da aka saba tambaya ta zagayo, muna zaune, sai Goggo ta ce, "Ƙawata, yau a ina take?"

Ƙawa ta fashe da kuka, ta kira ta kaka da Larabci, yadda ta saba. "Sitti, don Allah a bar maganar nan."

"Na rantse ba zan buga ba. Ban rantse ba zan tambaya ba. Duba mini."

Ta duba tana share hawaye da bayan hannu. Sai ta ɗago a hankali ta ce ta kai ƙoli a Ingila, babu wata waƙa a samanta. Goggo ta miƙe tsaye da ludayi a hannu ta rangaɗa guɗa, irin wadda ake ji har lungu na uku. Maƙwabta suka fito a firgice, sun ɗauka kame ne. Ta ce su kwantar da hankalinsu, wata mata ce can a Jamaika take taya murna, ɗanta ya fita kunya a ƙasar mutane. Daga baya waƙar ta riƙa saukowa mako bayan mako har ta fita daga jerin. Da aka gaya mata sai ta ce, "To ta huta. Ai ta yi tafiya." Ba ta sake tambaya ba.

Baffa bai sake taka gidanta ba. In sun haɗu a matakala sai ya ba ta hanya ya sunkuyar da kai. Duk azumi tana aika masa ƙosai da kunu, kwanon ya dawo a wanke ba saƙo. Haka aka yi shekaru, har aka zo aka shafa jan fenti a bangayen ɓangarenmu na Nakkasa, alamar rusau. Ranar da muka kwashe ta zuwa Ka'akiyya, da ƙyar ta sauko dutsen, tana hutawa a kowace kwana. Ƙafafunta sun riga sun fara kumbura. Na lallashe ta, maigidana ma ya lallashe ta, ta ce ba za ta je asibiti ba, daga tambayar takardarta sai a tambayi da wa take zaune.

Ana saura kwanaki ta rasu, da rana tsaka, na ji sallamar Baffa. Ya tsufa shi ma. Ya zauna a bakin ƙofa a kan siminti.

"Yaya, ki yafe mini."

"Matso, ba na jin ka daga nan." Ya matso. Ta ce, "Tsoro ka ji. Ni ma na ji, har fitsari ya kusa kufce mini a falon mutumin nan. Da 'yar wani ce aka ce in miƙa in tsira da tawa, ban san me zan yi ba. Bar wannan. Aiki zan ba ka."

Ta ce ta ji hukuma ta ba marasa takarda damar su fita salin-alin ba ɗauri. Dutse ya tafi, ita ma tafiya za ta yi, babu sauran inda Ƙawa za ta raɓa. "Ban taɓa cewa kada ta je gida ba. Cewa na yi ba za ta je ita kaɗai da ankwa a hannu ba. Kai za ka kai ta, ka zauna da ita har bakinta ya buɗe da Hausa."

Ta san abin da take roƙo. In ya tafi, kanti ya tafi, iƙamar da ya yi rabin rayuwarsa yana riƙo ita ma ta tafi, da shekarunsa kuma ba mai sake ɗauko shi. Ya cire hularsa ya shafa kai ya mayar.

"Zan kai ta, Yaya."

Ya kuwa cika. Shi ya yi zirga-zirgar takardun binne ta, shi ya yi na fitar Ƙawa. Bayan an share makoki muka raka su tashar Kudai za su hau motar Jidda. Ƙawa ta ja ni gefe ta ce in koya mata yadda za ta gaishe da mahaifina in sun isa Kano. Na ce ta durƙusa ta ce, "Baba, mun same ku lafiya?" Ta maimaita, harshenta yana karyewa. Baffa ya ce ta bari, hanya da nisa, zai koya mata a mota. Ya ɗauki jakarta ya shige gaba.

A Makka ba a rubuta suna a kan kabari, mu mata kuma ba ma shiga maƙabarta. Na tambayi maigidana inda aka sa ta, ya ce layi ne na duwatsu iri ɗaya, ko shi da ya sa hannu a binnewar ba zai iya nuna wurin ba yanzu. Gidan da ta zauna a Nakkasa ya zama fili. Shi ya sa na zauna na rubuta wannan, don 'ya'yan Ƙawa in Allah ya ba ta, su san wace ce ta tsaya wa uwarsu. Ya Allah, ga baiwarka nan ta zo maka daga garinka mai alfarma. Ka yafe mata kurakuranta, ka yalwata mata makwanci, ka karɓe ta ba tare da tsoro ba.